Tambaya da Amsa: Tsofaffin Wasannin Gem a Cikin PSP

Wasiƙun wannan makon kusan duka a kan PSP suka zo, wato ƙaramar na'urar gem ta hannu da Sony ya fitar a Japan a ƙarshen 2004. Masu tambayar so suke ta buga musu wasannin da ba nata ba, na Nintendo da Sega da PlayStation ta farko. Mun zaɓi bakwai.

Assalamu alaikum. Na sayi PSP-3000 ta hannu. An ce mini za ta iya buga wasannin kaset irin waɗanda muke jonawa a talabijin muna yara. Me ake yi mata? — Daga wani makaranci a Zariya

Wa alaikumus salam, Malam. Gaskiya aka faɗa maka, amma aiki biyu ne. Na farko buɗe na'urar, don yadda Sony ya ƙera ta ba ta karɓar manhajar da ba shi ya sa wa hannu ba. Na biyu zuba mata emuleta, wato manhajar da ke sa PSP ta kwaikwayi wata na'urar daban, har wasan ya ɗauka a gidansu yake.

Fara da duba lambar manhajar da ke kanta. Shiga Settings, sai System Settings, sai System Information. Ana son ka ga 6.60 ko 6.61. Wannan 6.61 ita ce ta ƙarshe da Sony ya fitar, a 2015. Idan taka ta gaza haka, nemo fayil ɗin sabuntawa mai suna EBOOT.PBP, ka ajiye shi a cikin memori a PSP/GAME/UPDATE, ka kunna shi daga sashen Game. Kafin nan cika batir, kuma ka bar caja a jone. Idan na'urar ta mutu ana tsakiyar rubutu, za ta iya ƙin tashi gaba ɗaya. Masu PSP Go su lura, fayil ɗin sabuntawarsu daban ne da na sauran.

Sai manhajar buɗewa, wadda masu gyara ke kira CFW. Wadda aka fi gani a hannun mutane ita ce PRO-C, sai ME, sai ARK-4 wadda ta fi su sabunta. Idan PRO-C ce, ka tabbata ka ɗauko wadda ta dace da lambarka, don ta 6.60 ba ta hawa kan 6.61. Kwafi foldar PROUPDATE da ta FastRecovery zuwa PSP/GAME, kunna PROUPDATE, bi abin da ya fito a allo. Idan ta hau, danna SELECT a babban allo, za ka ga wani ƙaramin jeri ya fito wanda da babu shi.

Emuleta kuwa, kowace na'ura da tata. NesterJ na NES ne, wato ainihin gem ɗin kaset ɗin da kake nufi. PicoDrive na Sega Mega Drive, Snes9xTYL na Super Nintendo, gpSP na Game Boy Advance, MasterBoy kuma na Game Boy da Master System da Game Gear. Kowanne foldarsa za ka jefa a PSP/GAME, wasanninsa kuma a foldar roms da ke cikinta.

Abu ɗaya da ke rikita sababbin shiga: idan PSP ɗinka 'yar Japan ce, maɓallin da'ira ne "na yarda", X kuma "koma baya". Ba lalacewa ta yi ba.

Batun inda ake samo wasannin, mu faɗi gaskiya: har yanzu mallakar kamfanoninsu ne, tsufa bai sa sun zama na kowa ba. Abin da ba shi da jayayya shi ne wasannin da masu sha'awa suka rubuta suka raba kyauta, kuma wanda ya fi kusa da tsafta bayan su shi ne ka kwafi kaset ko faifan da ka mallaka.

Jiya komai yana aiki. Yau na kunna, duk abin da na danna sai ta rubuto 80020148. Ta lalace ne? — Daga Fagge, Kano

Lafiyarta ƙalau. Buɗewar da aka yi mata ta wucin gadi ce, a cikin ram take zaune, wato ma'adanar wucin gadi ta na'urar, kuma ram ba ya riƙe komai idan wuta ta yanke. Muddin barci kawai kake sa ta, wato ka ɗan tura makunnin sama ka sake, buɗewar tana nan. Da zarar ka kashe ta gaba ɗaya, ko batir ya ƙare, ko ka cire shi, ta koma yadda Sony ya bar ta, sai ta ƙi duk wata baƙuwar manhaja da wannan lambar. Kunna FastRecovery daga sashen Game, cikin 'yan daƙiƙu za ta dawo.

Idan ka gaji da wannan, sa mata Infinity 2.0. Shi ma a PSP/GAME/UPDATE ake ajiye shi. Ka kunna ya shiga, na'urar ta sake tashi, ka sake kunna shi ka zaɓi PRO ko ME. Mutane da yawa suna manta wannan mataki na biyu, su dawo suna cewa bai yi ba. Foldar CIPL_Flasher da ke zuwa tare da PRO-C kuwa, ta PSP-1000 ce da 2000 na farko-farko. Mai 3000 kada ya kusance ta.

Na zuba emuleta amma sai ta nuna Corrupted Data. Wasu wasannin ma da suka yi aiki da farko yanzu sun daina, ajiyata ta ɓace. Memorin 128GB ne, sabo fil. — Daga Maraɗi

Matsala biyu ka haɗa a wasiƙa ɗaya, ɗan'uwa, kuma ba emuleta ba ne mai laifi a ko ɗaya.

Corrupted Data yawanci zurfin folda ne. PSP tana leƙa PSP/GAME, ta buɗe kowace folda sau ɗaya tak, tana neman EBOOT.PBP. Idan ka warware fayil ɗin zip ya haifi folda cikin folda, misali PSP/GAME/gpSP/gpSP/EBOOT.PBP, ba za ta gangara ta biyun ba, sai ta ce abin ya lalace. Ɗago ta cikin zuwa sama, shi ke nan.

Ɓacewar ajiya ita ce abin tsoro, don alamar jabun memori ce. Akwai katunan da aka yi wa dabara su riƙa cewa 128GB ne alhali ainihin cikinsu kaɗan ne. Da farko komai zai tafi daidai, har ka cika ainihin gurbin. Daga nan duk sabon abin da ka zuba ko dai ya hau kan tsoho ko ya tafi iska, sunan fayil yana nan amma ciki wayam. Sa katin a kwamfuta, kwashe abin da za ka iya ceta, ka gwada shi da H2testw. Wannan manhaja tana cika katin da rubutu daga farko har ƙarshe sannan ta karanta, ta gaya maka gurbin da ke da gaskiya. Za ta ɗauki sa'o'i, ka haƙura da ita. In ya faɗi gwajin, babu wani fomat da zai gyara shi.

In ya ci gwajin, duba tsarinsa. PSP ba ta san tsarin fomat na exFAT ba, na FAT32 take karantawa, kuma katunan 64GB zuwa sama da exFAT suke fitowa. Sa shi a adaftar Memory Stick Pro Duo, wato gidan robar da ke sa ƙaramin kati ya shiga ramin PSP, ka yi masa fomat daga cikin PSP ɗin kanta, a System Settings, Format Memory Stick. Ita za ta gina foldojinta da kanta. Su ma adaftocin nan na roba suna da rauni, in katin yana ɓacewa yana dawowa, canza adafta kafin ka zargi kati. Mu a ganinmu 32GB mai asali ya ishi mai tsofaffin wasanni har ya yi saura, tun da wasan NES yawanci ko megabait ɗaya bai kai ba.

Na Sega suna gudu sumul, amma na Super Nintendo suna jan ƙafa, sauti yana kakkatsewa. Na Nintendo 64 kuwa ba a magana. Wane saiti na ɓata? — Daga Kaduna

Wataƙila ba ka ɓata komai ba. Gaba da gabanta, kuma PSP tana da iyakarta.

Kwaikwayo aiki ne mai tsada. Duk umarnin da tsohuwar na'ura za ta cika da taki ɗaya, sai PSP ta yi taki da yawa kafin ta fassara shi ta aiwatar, ga zana hoto sau 60 a daƙiƙa, ga sauti da ba ya jira. Injin PSP iyakarsa 333MHz, amma yawanci a 222 yake tafiya don tattalin batir. Saboda haka fara da nan: shiga saitin Snes9xTYL ka kai gudun injin 333. Batir zai fi saurin ƙarewa, wannan ba makawa. Sannan nemi samfurin emuletan da ke da "me" a sunansa. PSP tana da inji na biyu mai suna Media Engine, kuma wannan samfurin shi yake miƙa wa aikin sauti, babban injin ya samu sarari. Rage ingancin sauti daga 44kHz zuwa 22kHz ma yana taimakawa, kuma a 'yan lasifikan PSP da wuya kunne ya ji bambanci. Sai tsallake hoto, wanda a saiti aka rubuta frameskip. Sa shi a 1, na'urar za ta zana hoto ɗaya ta bar ɗaya. Fiye da 2 wasan ya zama abin tausayi.

Akwai wasannin da duk wannan ba zai cece su ba, don kaset ɗinsu na asali yana ɗauke da ƙarin inji a ciki. Star Fox da Yoshi's Island suna da Super FX, Super Mario RPG yana da SA-1. A nan PSP na'ura biyu take kwaikwaya a lokaci guda.

Wata dabara ita ce neman samfurin Turai na wasan, mai alamar E ko PAL. Shi hoto 50 yake buƙata a daƙiƙa maimakon 60 na Amurka da Japan, wato an rage wa injin kashi ɗaya cikin shida na aiki. Da yawa cikin waɗannan samfura asali ma sun ɗan fi jinkiri, amma jinkiri mai ɗorewa ya fi gudu mai tuntuɓe. Talabijin ɗin Najeriya ma tsarin PAL ne, don haka mai yiwuwa da wannan gudun ka saba tun da.

Nintendo 64 kuwa, akwai DaedalusX64, kuma ƙoƙarin da masu rubuta shi suka yi abin jinjina ne. Super Mario 64 da Mario Kart 64 suna buguwa gwargwado, galibi in ka rage sauti ko ka kashe shi. Sauran da yawa gwaji ne kawai. Kada wanda zai sayar maka da PSP ya ruɗe ka da wannan.

Tun da muna kan saiti: allon PSP 480 ne a 272, mai faɗi, tsofaffin wasannin kuwa don talabijin mai 4:3 aka yi su. In ka cika allo, kowa zai zama gajere mai ƙiba. Zaɓi 4:3 ka bar baƙin gefe.

gpSP yana buɗewa ya rufe, yana maganar BIOS. PSP-1000 ce. — Daga Gombe

Yana neman BIOS, wato manhajar tashi ta Game Boy Advance (GBA), fayil mai suna gba_bios.bin, a folda ɗaya da EBOOT.PBP ɗinsa, ba cikin roms ba. Girmansa 16KB cif, wato bait 16384. In ya fi ko ya gaza, ba shi ba ne. A kwamfuta ka kunna nuna ƙarshen sunayen fayil, don sau da yawa sunan gba_bios.bin.bin ne mutum bai sani ba.

Ka san kuma cewa 1000 ram ɗinta 32MB ne, rabin na 2000 da 3000. Manyan wasannin GBA sun kai 32MB, ba za su shiga gaba ɗaya ba, sai emuleta ya riƙa ɗebowa daga memori ana cikin wasa, shi ne ɗan tsayawar da za ka riƙa gani. Sannan duba saitin Update backup. In yana kan Exit only, ajiyarka ba ta sauka a kati sai ka fita ta cikin jerin emuletan. Batir ya mutu kafin nan, wasan yini guda ya tafi. Mayar da shi Automatic.

Wane emuleta ne na PlayStation ta farko? — Daga Jos

Ba ka buƙatar ko ɗaya. Sony da kansa ya gina shi a cikin PSP, sunansa POPS, kuma ya fi duk na waje kyau. Aikinka shi ne mayar da fayilolin BIN da CUE na faifanka su zama EBOOT.PBP da manhajar PSX2PSP a kwamfuta, ka ba kowane wasa foldarsa a PSP/GAME. Ba a foldar ISO ba, wannan ta wasannin PSP ce. Wasa mai faifai biyu ko uku, haɗa su a EBOOT ɗaya, in lokacin canji ya yi ka danna HOME ka zaɓi na gaba. A wannan jerin ne kuma za ka ba maɓallan L2 da R2 na PlayStation mazauni, tun da PSP ba ta da su. In wani wasa ya tsaya a baƙin allo, POPSloader yana ba ka damar gwada shi da tsofaffin samfuran POPS, sau da yawa ɗaya cikinsu zai karɓe shi.

Ta ɗana ce. Murfin baya ya ɗago ba ya rufuwa, kuma tun da aka sa mata wasannin nan ba ta awa ɗaya sai ta mutu. Wasannin ne suka ɓata ta? — Daga wata uwa a Katsina

Hajiya, a karɓe ta daga hannun yaron yau, a cire batirin. Kumbura ya yi, shi ya ture murfin. Ba laifin wasannin ba ne, tsufa ne da zafi, batir ɗin lithium in ya daɗe haka yake yi. Kada a caja shi, kada a danne shi don murfi ya rufu, kada a huda shi, kada kuma a jefa shi cikin sharar da za a ƙona. A ajiye shi a inuwa nesa da katifa da kayan sawa, a miƙa wa masu gyaran waya.

Wajen sayen sabo, a duba lamba. Na PSP-1000 shi ne PSP-110, mai 1800mAh, mai kauri. Na 2000 da 3000 shi ne PSP-S110, mai 1200mAh. In an ga siririn batir an rubuta masa 2400 ko 3600, rubutu ne kawai, gurbin bai kai ya ɗauki haka ba. Caja kuma mai 5V ce. Samfurin 1000 ba ya caji ta USB, sai ta ramin cajarsa mai launin rawaya. Kafin a samo batir, na'urar za ta yi aiki da caja kaɗai, amma a gaya wa yaron ya riƙa ajiye wasansa a kai a kai, don da an ɗauke wuta za ta mutu nan take, kuma kada a yi mata wani sabuntawa ko buɗewa a wannan hali.