Na Riga Shi Kama Aiki, Yanzu Shi Ne Shugabana

Tambaya: Assalamu alaikum Malam, Allah ya ƙara lafiya. Ni ma'aikacin gwamnati ne. Lokacin ƙarin girmana ya yi, na zauna jarrabawa na ci, amma takardata ta maƙale shekara 3, wai fayil ɗina ya ɓata. Kafin ta fito, wani da na riga kama aiki da shekara 2, wanda ni na koya masa aikin, ya wuce ni, yanzu shi ne shugaban sashenmu. Ya halatta in kai ƙara? Kuma dole ne in bi umarninsa?

Amsa: Wa'alaikumus salam wa rahmatullah. Ɗan'uwa, abin da ya same ka da ciwo, kuma Shari'a ba ta ce ka haɗiye shi ka yi shiru ba.

Aikin gwamnati ƙulla yarjejeniya ne ta ijara, wato ɗaukar mutum aiki a kan lada, dokokin aikin kuwa su ne sharuɗɗanta. Allah ya ce a farkon Suratul Ma'ida a cika alkawura, Annabi (SAW) kuma ya ce Musulmi suna kan sharuɗɗansu. To idan dokar aikinku ta ce wanda ya cika shekarunsa ya ci jarrabawa ƙarin girmansa yana farawa daga ranar da ya cancanta, wannan ranar hakkinka ce, ɓatan fayil ba ya share ta. Ka nemi a mayar da ita yadda take, a gyara sunanka a jerin gabata, a biya ka bambancin albashin in doka ta tanadi haka. Jinkirin mai hali wajen biyan hakki zalunci ne, kamar yadda Bukhari da Muslim suka ruwaito. Amma ka karanta dokar da idon gaskiya. In ta rataya ƙarin girma da samuwar gurbi, gurbin kuma bai samu ba a lokacin, to ba bashi kake bi ba.

Kada wani ya ce maka neman wannan kwaɗayin mulki ne. Hanin da Annabi (SAW) ya yi wa sahabi Abdurrahman ɗan Samura game da roƙon shugabanci ne, kai kuwa abin da ka riga ka mallaka kake nema. Aya ta 148 a Suratun Nisa'i ta ba wanda aka zalunta damar ɗaga murya. Shi kansa la'akari da wanda ya riga yana da asali: da Sayyidina Umar ya kafa diwani, wato rajistar masu karɓar kaso daga baitulmali, ya fifita mutane bisa rigayensu a Musulunci, har ya yanka wa kowane ɗan Badar dirhami 5,000.

Kujerar shugabancin sashe kuwa hukuncinta daban. Ita amana ce, cancanta ake duba mata, shekaru kaɗai ba sa ba da ita. A shekara ta 11 bayan Hijira Annabi (SAW) ya ɗora Usama ɗan Zaid, yana matashi, a kan rundunar da manyan Muhajirai ke ciki, da aka yi gunaguni kuma ya tsaya masa. Abokin aikin nan naka, muddin ba shi ya ɓoye fayil ɗin ba, ba shi da laifi. Nasa ya zo a kan lokaci, naka aka riƙe. A nan nake yawan ganin mutanen kirki suna zamewa: a bar wanda ya danne takarda, a ɗaura gaba da wanda bai san hawa ba bai san sauka ba.

Saboda haka bin umarninsa a abin da ya shafi aiki wajibi ne a kanka har hukuma ta yanke hukunci, domin albashin da kake karɓa a kan hakan ne. Jan ƙafa, ɓoye masa abin da ka sani don ya kunyata, ko zuga na ƙasa su bijire masa, duk haramun ne, kuma jama'ar da ke jiran hidimar ofishin su za su ɗanɗana.

Ka rubuta kokenka ta hannun da doka ta tsara, ka haɗa da takardar kama aiki da sakamakon jarrabawa, in ba a saurare ka ba ka je kotu. Kada ka ba da cin hanci don fayil ya fito alhali wannan ƙofa a buɗe take, kada kuma ka taɓa ko kwanan wata ɗaya a takardunka, wannan shaidar zur ce. Shi kuma jami'in da ya danne takardar da gangan, tubarsa ba ta cika sai ya fito da ita ya nemi yafiyarka.

Wallahu a'alam.