Littafin da na sa wa yayanka a jaka

Ɗana, saƙonka ya iso ni tun ranar Talata. Na ƙi amsa maka da murya a waya ne don abin da ka tambaya ya fi ƙarfin minti biyu. Ka ce ranar da muka raka yayanka tasha zai tafi Kumasi ka ga na buɗe jakarsa na cusa wani ɗan littafi a ƙarƙashin kayansa, kuma ka ji mahaifiyarka na cewa haka ake yi wa duk wanda zai bar gidanmu. Kana so ka sani ko laya ce, ko addini ne ya ce a yi. Sannan ka nemi in faɗa maka littattafan waƙoƙin da za ka nema, masu maganar tafiye-tafiye da tarihi da yadda mutanen da suka jure wuya. Allah ya yi maka albarka, na daɗe ina jiran wani daga cikinku ya yi wannan tambaya.

Ba laya ba ce, kuma ba farilla ba ce balle a ce wanda ya bari ya yi laifi. Guzuri ne. Littafin waƙoƙi ne na sa masa, kamar yadda kakanka ya sa mini ranar da na fara fita fatauci, shi ma haka mahaifinsa ya yi masa.

Asalin abin daga fatake ne. Kakannimmu na cikin masu bin hanyar Gwanja, su ɗora wa jakuna kanwa da tufafi, su yi tafiyar watanni har Salaga, a ƙasar Gana ta yau, su komo da goro. Mutumin da zai yi irin wannan tafiya ba ya ɗaukar abin da zai yi masa nauyi. Bayan Alƙur'ani, abin da ke cikin gafakarsa 'yan warƙoƙi ne na ajami, kuma mafi yawansu waƙoƙi. Dalili kuwa shi ne waƙa tana da kari da amsa-amo, su ne ke ɗaure kalmomi kamar yadda igiya ke ɗaure huhun goro. In kalma ɗaya ta zame, kunnenka zai gaya maka kafin ka kai ƙarshen ɗango. Saboda haka ko ruwa ya jiƙa takarda, ko 'yan fashi sun kwashe kaya, wanda ya haddace bai yi asara ba. In ayari ya sauka a zango, an sauke wa dabbobi kaya, an yi sallar Lisha, sai mai murya ya ja baiti saura su amsa. Da jirgin ƙasa ya isa Kano a 1911, hanyar goro ta karkato kudu, mutanenmu suka riƙa sauka a tashar Ido ta Legas, suka kafa Zango a nan Agege kusa da gonakin goron Yarbawa. Jakuna suka tafi, amma gafaka ta biyo su cikin jirgi. Ni na tashi na iske kakanka yana rera waƙa a bakin rumfarsa bayan sallar Asuba, yana jiƙa ganyen da ake naɗe goro. Ban san ranar da na koyi waɗannan baitoci ba, na dai wayi gari suna bakina.

Abin da na sa wa yayanka Imfiraji ne, na Malam Aliyu Namangi na Zariya, kuma da shi nake so ka fara. Malam Aliyu tun yana ƙaramin yaro ya rasa idanunsa. Bai taɓa ganin baƙin da aka rubuta waƙarsa da shi ba, a kansa yake tsara ta, ya faɗa a rubuta. Duk da haka waƙar ta zagaye ƙasar Hausa ta wuce, har makafi masu bara suka mayar da ita abin neman abincinsu a kasuwanni da tashoshi. Da kunnena na ji ana rera ta a Idi-Araba da Mile 12, cikin hayaniyar motoci, kuma na ga 'yan dako sun tsaya da kaya a ka suna saurare. Sunan kansa daga Larabci ne, ma'anarsa yayewar ƙunci. A ciki akwai begen Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, akwai ɗokin zuwa Madina, akwai tuna mutuwa da kwanciyar kabari, akwai faɗa da rashin gaskiyar mutanen zamani. Jami'ar Ahmadu Bello ta ba shi digirin girmamawa na dakta, ya rasu a 1990. Na zaɓa wa yayanka shi ne don na san dare na farko a baƙon gari. Ka kwanta a ɗakin da ba naka ba, harshen da ake yi a tsakar gida ba naka ba, kuɗin aljihu na raguwa. A irin wannan dare muryar mutumin da ya rayu cikin duhu bai fasa godiya ba tana da amfanin da ba zan iya kwatanta maka ba sai ka gwada.

A kan tarihi kuwa, nemi Waƙar Gewaye ta Nana Asma'u 'yar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo. An haife ta a 1793, tana da kamar shekara 11 aka yi hijira daga Ɗegel zuwa Gudu a 1804, ke nan abin da ta tsara ta taka shi da ƙafarta. Da Fulatanci ta yi ta, ƙanenta Isa ɗan Shehu ya mayar da ita Hausa. Tana bin jama'a masauki bayan masauki: nasarar Tabkin Kwatto, asarar Tsuntsuwa inda mahaddata Alƙur'ani da yawa suka yi shahada, wuyar Alwasa, har faɗuwar Alƙalawa a 1808. Abin da ya fi taɓa ni a cikinta shi ne ba dawakai da tutoci kaɗai za ka gani ba. Za ka tuna cewa a bayan mayaƙan nan akwai mata da yara da tsofaffi da ke tafe da yunwa da zazzaɓi, ba su san inda za su kwana gobe ba. Ita ce kuma ta kafa 'Yan Taru, ta naɗa wa jajis, wato mata jagororin karatu, malfa, suka riƙa kai karatu ƙauyuka ta hanyar waƙa, don macen da ba ta iya karatu ba tana iya haddace baiti tana daka. Ta rasu a 1864. Jean Boyd da Beverly Mack sun tattara ayyukanta a babban littafi guda a 1997, da asalin rubutun da fassarar Turanci. Tunda Turancinka ya fi Hausarka ƙarfi, wannan zai taimake ka, amma ka karanta Hausar tukuna ko da da ƙyar ne, sannan ka leƙa fassara.

Akwai kuma Waƙar Bagauda, wadda ke jero sarakunan Kano tun daga Bagauda, kowa da shekarun da ya yi, tana tunatar da kai cewa duk sun wuce. Ita a ajami aka fi samunta.

Wanda ya fi kusa da gidanmu shi ne Alhaji Umaru Salaga. Bakano ne, an haife shi wajen 1858, ya bi hanyar goron nan da na faɗa maka har ya zauna a Salaga. Yaƙin basasa ya tarwatsa garin a 1892, daga baya ya koma Kete Karachi, a can ya yi limanci har ya rasu a 1934. Ka ga ƙasar da yayanka ya nufa ba baƙuwa ba ce gare mu. Yana da waƙa a kan zuwan Nasara, yana lissafa garuruwa da sarakunan da suka faɗa hannunsu ɗaya bayan ɗaya. Yana da Waƙar Talauci da Wadata, inda ya zana yadda ake juya wa matalauci baya a taro ko da shi ke da gaskiya, a miƙe wa mai kuɗi ko da shirme yake faɗa. Duk wanda ya taɓa karyewa a kasuwar Legas ya san wannan ba ƙari a ciki. Shekarar da ruwa ya shiga rumbunmu goro ya ruɓe, na ga waɗanda muke cin tuwo kwano ɗaya da su suna sauya hanya in sun hango ni. Waƙar nan ce ta hana ni ƙullatar kowa, don na gane tun kafin a haifi ubana wani ya ga irin wannan a Gwanja ya rubuta, kuma ya ci gaba da koyar da ɗalibansa.

In ka karanta ta zuwan Nasara, ka haɗa da labarin Sarkin Musulmi Attahiru na ɗaya, wanda ya zaɓi hijira gabas da ya ga Sakkwato ta faɗi a 1903, talakawa suka bar gonakinsu suka bi shi, aka kashe shi a Burmi a wannan shekara. Waɗanda suka tsira suka ci gaba da tafiya har Sudan, garin Mai Wurno da ke bakin Kogin Nilu zuriyarsu ce a ciki har yau.

Kai ɗan Legas ne, don haka Sa'adu Zungur naka ne ta wata fuska. Mutumin Bauci ne, amma ya zo karatu Babbar Kwalejin Yaba a 1934, lokacin da ɗan Arewa a irin wannan makaranta abin nunawa da yatsa ne, ya kuma dawo garin nan a 1948 ya yi sakataren jam'iyyar NCNC. Nemi Waƙoƙin Sa'adu Zungur ka karanta Maraba da Soja, wadda ya yi wa sojojinmu da suka komo daga yaƙin Bama. Da yawansu a nan Ikko suka shiga jirgin ruwa zuwa Indiya, samarin da ba su taɓa ganin teku ba, suka yi yaƙi da Japan cikin kurmi da ruwan sama. Ina yaro akwai tsofaffinsu a Obalende, wasu na gadi, wasu na sayar da goro a faranti, in ka zauna kusa da su sai ka ji sunayen garuruwan da ba ka taɓa ji ba. Ka karanta kuma Arewa Jamhuriya ko Mulukiya, sannan ka nemi amsar da Mudi Sipikin ya mayar masa, don ka ga yadda manya ke gardamar siyasa da baiti ba da zagi ba. Sa'adu ya yi shekaru yana fama da ciwon ƙirji, a kwance ya yi yawancin aikinsa na ƙarshe, ya rasu a 1958, saura shekara 2 a sami 'yancin da ya ƙare ƙarfinsa a kai. Har gobe in na tuna wannan sai zuciyata ta yi nauyi.

Saura zan ambata maka a gurguje. Waƙar Nijeriya ta Shehu Shagari, wadda ya yi yana malamin makaranta tun kafin ya zama shugaban ƙasa, za ta zagaya da kai garuruwa da koguna kana zaune. Abubakar Ladan Zariya ya yi Waƙar Haɗa Kan Al'ummar Afirka, ita kuma ta fita da kai ƙasashen nahiyar. Waƙoƙin Mu'azu Haɗeja akwai Tutocin Shehu a ciki. Fasaha Aƙiliya ta Aƙilu Aliyu kuwa ka bar ta sai Hausarka ta nuna, don shi da gangan yake tono kalmomin da suka kwanta, kuma a cikin waƙoƙinsa akwai Hausa Mai Ban Haushi, wadda ya yi don masu cakuɗa harshensu da Turanci. Ba gori nake maka ba, ɗana. A Agege aka haife ka, Yarbanci da Turanci ka tarar a titi, laifin namu ne da muka bar rerawa a gida. Yawancin waɗannan kamfanin ɗab'i na NNPC da ke Zariya ne ya buga su, ƙanana ne marasa tsada. Ka duba wajen masu shimfiɗa littattafai a ƙofar masallaci ranar Juma'a, abin da ba ka samu ba ka ba direbobin Kano saƙo su duba maka a Kasuwar Kurmi.

Sai dai ka sani, waɗannan waƙoƙi ba a karanta su da ido a yi shiru kamar jarida. Rera su ake yi. Kowace da karinta, kuma ba a rubuta kari a takarda, daga baki ake ɗaukarsa. In ka buɗe Imfiraji kai kaɗai za ka ga kalmomi a jere, wasu ma su ba ka wuya, amma in ka ji an ja ɗango guda da muryarsa sai ma'anar ta buɗe da kanta. Shi ya sa ba a sa wa matafiyi littafi sai wanda ya riga ya ji a gida. Yayanka ya zauna da ni damina biyu kafin tafiyarsa.

Gafakar kakanka tana nan a akwatina, warƙoƙin sun yi ja, gefensu ya fara cinyewa, akwai tabon goro a wasu. Ka zo ranar Juma'a bayan La'asar, ka taho da wayarka da cikakken caji ka ɗauki muryata, don numfashina ba ya kai ƙarshen baiti kamar da. Za mu fara da ajami, harafi biyar-biyar, sannan in ja maka farkon Imfiraji kana amsawa. Ka gaya wa ƙanwarka ita ma ta zo, Waƙar Gewaye da ita zan fara. Ka gaishe da mahaifiyarka.

Kawunka.