Ina za a samu wasan barkwancin farko da aka nuna a talabijin?

Tambaya: Malam, na ji an ce wasan barkwanci mai dogon zango na farko a talabijin shi ne Pinwright's Progress na BBC. Na duba YouTube da ko'ina ban ga ko minti ɗaya ba. An ɓoye shi ne, ko kuwa bai karɓu ba ne aka watsar da shi? Daga wani mai karatu a Zariya.

Amsa: Malam, ka huta da nema, ba za ka same shi ba. Ba a ɓoye shi ba, ba kuma ɓata ya yi ba. Tun asali ba a naɗe shi ba.

An fara nuna shi ranar 29 ga Nuwamba 1946, aka rufe ranar 16 ga Mayu 1947. Kashi 10 ne duka-duka, kowanne rabin awa, ana sa shi mako biyu-biyu. James Hayter ne ya fito a matsayin Mista Pinwright, mai wani ɗan kanti da kullum yake cikin rigima, ga abokin gaba a kasuwa, ga ma'aikatan da ƙoƙarin taimakonsu ke ƙara jagula masa lamura. Cikinsu har da ɗan aiken kantin, tsoho tukuf mai shekara 80 da 'yan kai, kuma ba ya ji sosai. Rodney Hobson ne ya rubuta.

Sai ka kalli halin da talabijin ke ciki a lokacin. BBC ta rufe tasharta ranar 1 ga Satumba 1939 saboda yaƙin duniya na biyu, ba ta sake buɗewa ba sai 7 ga Yuni 1946. Wato kusan wata shida da dawowarta aka fara wannan wasa. Daga Alexandra Palace a arewacin Landan ake watsa komai, cikin ɗakunan shiri guda biyu ƙanana, kuma hoton bai wuce Landan da kewayenta ba. Gidajen da suka biya lasisin talabijin a farkon 1947 ba su kai 15,000 ba.

Kai tsaye ake yin komai. 'Yan wasa na motsi gaban kyamara, a daidai wannan lokacin mai kallo na ganinsu a falonsa. Wanda ya manta maganarsa sai dai ya lalubo wata ya ci gaba, babu "tsaya a sake". Kyamarorin manya ne masu nauyi, sai an tura su, suna jan igiyoyi masu kauri a ƙasa, ga fitilu masu zafin da ke sa mutum ya jiƙe sharkaf da gumi. In za a koma wani ɗaki a cikin labarin, ɗan wasa da ƙafarsa zai zagaya bayan kyamara ya isa can kafin a juyo kansa. Kyamarar kuma aika hoto kawai take yi, ba ta ajiye komai.

Dabarar adana shiri ta farko ita ce a kafa kyamarar fim gaban allon talabijin ta ɗauki abin da ke fitowa. A ƙarshen 1947 BBC ta fara gwada ta, watanni bayan Pinwright ya rufe kanti. Na'urar naɗar bidiyo ta kamfanin Ampex kuwa sai 1956 ta fito. Ko bayan an samu waɗannan, da yawan shirye-shirye ba a damu da ajiye su ba, don ana ɗaukar talabijin kamar wasan dandali ne, wanda ya zo ya gani, wanda bai zo ba ya ji labari. A Amurka ma wasannin wancan zamani da yawa haka suka tafi. Wasan barkwancinsu I Love Lucy ya tsira ne saboda tun 1951 a kan fim aka riƙa ɗaukarsa.

Batun ko bai karɓu ba, ni dai ba na yanke wa wasa hukunci da yawan kashinsa a irin wannan zamani. Tasha ɗaya ce tak, ba talla, ba wata tashar da ake gasa da ita, balle a ce an kore shi don 'yan kallo sun gudu. Har dakatar da talabijin ɗin ɗungurungum aka yi na wasu makonni a Fabrairu da Maris na 1947, lokacin da tsananin sanyi da ƙarancin kwal suka sa gwamnati taƙaita wuta, kuma wasan na tsakiyar tafiya ke nan.

Shi Hayter bai bar harkar ba. A 1978 ya sake tsayawa bayan kanta, a matsayin Mista Tebbs cikin Are You Being Served?, shi ma wasan barkwanci na BBC a kan ma'aikatan kanti. Wannan kam an naɗe shi, in kana son ganin fuskarsa can za ka nufa.