Karena yana yawan susa: in saya masa Piriton ko in kai shi asibiti?

Wani mai karatu daga Mabera ya rubuto cewa karen gadinsa ya shafe makonni yana susa da lasar ƙafafu har gashin gindin wutsiyarsa ya zube, kuma mai kemis ya ba shi zaɓi tsakanin Piriton da prednisolone. Yana tambayar wanda ya kamata ya saya.

Malam, kafin ka fitar da kuɗi, ka tsayar da karen a kan farin ƙyalle mai ɗan damshi, ka taje gashin bayansa. Idan ka ga baƙaƙen ɗigo-ɗigo sun zubo, sannan suka rine zuwa ja, kashin ƙuma ne, kuma zubewar gashi a gindin wutsiya ita ce alamar da aka fi sani ga karen da jikinsa bai jituwa da yawun ƙuma. Irin wannan kare cizo kaɗan ya ishe shi susar kwanaki, don haka maganin ƙuma da tsabtace makwancinsa su ne farkon abin saye. Ƙazuwa ma tana kama da alaji, wato irin wannan rashin jituwar jiki da wani abu, sai likita ya kankari fatar ya duba zai bambance su. Ina roƙonka kada ka shafa masa baƙin mai kamar yadda wasu ke yi, domin yana ƙona fata, kuma karen zai lashe shi.

Piriton, wato chlorpheniramine, likitocin dabbobi suna ba karnuka shi, haka ma cetirizine. Suna da araha, suna taimakawa idan ƙwaro ya harbi kare fuskarsa ta kumbura, amma ƙarfinsu kaɗan ne ga ƙaiƙayin da ya daɗe. Nauyin kare ke ƙayyade adadin da zai sha, saboda haka likita ne zai faɗa maka. Ka guji magungunan mura masu haɗe-haɗe, domin pseudoephedrine da ke cikin wasunsu guba ne ga kare, haka kuma ibuprofen.

Prednisolone shi ne na fi jin tsoron a saya kai tsaye. Yana kwantar da susa cikin kwana ɗaya ko biyu, mai kare ya ɗauka an warke, alhali dalilin ciwon yana nan. Yana jawo ƙishirwa da yawan fitsari, wanda ba ƙaramin abu ba ne a zafin Sakkwato, yana raunana garkuwar jiki, kuma idan ƙazuwa ce ko ƙwayar cuta a fata, zai iya ƙara rura su. Karen da ya daɗe yana sha ba a tsayar masa da shi farat ɗaya, ana ragewa ne sannu a hankali.

Wata baiwar Allah daga Arkilla kuma ta tambayi ko Apoquel, wani maganin ƙaiƙayin karnuka, ya cancanci tsadarsa. Hajiya, magani ne mai aiki da sauri wanda aka amince da shi a Amurka a 2013, amma ba a ba karen da bai kai wata 12 ba, kuma danne ƙaiƙayi yake yi, ba ya kawar da alajin. Idan ana zargin abinci ne, gwajin sauya cima na kimanin mako 8 ya fi shi amfani. Asibitin koyarwa na dabbobi na Jami'ar Usmanu Danfodiyo yana nan cikin gari, ki fara kai shi can a duba fatarsa kafin ki yi odar maganin.