Ku Tambayi Likita: In Majinyaci Ya Ƙi Magani, Wa Ke Da Ta Cewa?

Daga unguwar Bukoki, Yamai: Likita, mahaifinmu na da ciwon sukari, ƙafarsa ta ruɓe. A asibiti an ce sai an yanke, shi kuwa ya ce ko kusa, wajen mai maganin gargajiya zai koma. Mu ƴaƴansa za mu iya sa hannu a madadinsa?

Allah ya ba Baba lafiya. Muddin yana cikin hayyacinsa, ya kuma gane abin da zai biyo baya, hannunku ba ya maye gurbin nasa. Ko a Najeriya, Kotun Ƙoli ta yanke a 2001, a shari'ar Okonkwo, cewa baligi mai hankali na da ikon ƙin magani ko da ƙin zai kai shi ga rasa rai. Amma kada ku naɗe hannu. Na sha zama da dattawa irinsa, sai in tarar ba wuƙar suke tsoro ba, tsoronsu su zama kaya a wuyan iyali. Ku roƙi likitan ya zauna da shi, ya yi masa bayani da Hausa ko Zabarmanci, ba Faransanci a tsaitsaye ba: naman da ya mutu ba ya farfaɗowa, cutar kuma tana hawa har ta shiga jini. Ku nuna masa wanda aka yi wa aikin yana tafiya da ƙafar roba. In zazzaɓi ya taso ya fara sambatu, ku dawo da shi nan take.

Daga Tawa: Ƙanwata naƙuda ta yi mata tsawo, an ce tiyata, mijinta ya ƙi.

Ƴar'uwa, wannan na ci mini rai ƙwarai. Jikin nata ne, yardarta ake nema. A shawarci maigida, amma doguwar naƙuda na kashe jariri, tana fasa mahaifa, tana barin mace da yoyon fitsari. In kuɗi ne damuwarsa, tun 2005 gwamnati ta mayar da tiyatar haihuwa kyauta a asibitocinta.

Wani ɗalibin jami'a a Yamai: Ƙungiya na iya kai gwamnati kotu don marasa lafiyar da ba su da hali?

An yi hakan a Afirka ta Kudu. A 2002 kotun tsarin mulki ta tilasta wa gwamnati ba masu ciki maganin nevirapine don kare jarirai daga ƙanjamau, ƙungiyar masu fafutukar samar wa masu cutar magani ce kuwa ta shigar da ƙarar. A nan gida, ka tuna Hadijatou Mani: da taimakon Timidria, ƙungiyar yaƙi da bauta, ta yi nasara a kan gwamnati a kotun ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma (CEDEAO) a 2008 kan bauta. Ƙara irin ta Afirka ta Kudu tana sa a samar da magani, zaɓin sha kuwa yana nan hannun majinyaci. Ɗana, lauya zai fi ni sanin hanyar shiga; abin da zan ce, ku riƙa adana takardun magani da rasit, da su ake kafa hujja.