Mijina ya rasu yana bakin aiki, za a ba ɗanmu gurbinsa?

Tambaya: Mijina ma'aikaci ne a wata ma'aikatar gwamnatin tarayya, Allah ya yi masa rasuwa bara ya bar ni da 'ya'ya biyar. Ƙanensa da ke karatu a Indiya ya ce a can idan ma'aikaci ya rasu ana ɗaukar matarsa ko ɗansa aiki. Shin gaskiya ne, kuma babban ɗanmu da ya gama digiri yana da wannan haƙƙin a nan Najeriya?

Amsa: Allah ya jiƙansa da rahama, ya raya abin da ya bari, ke kuma ya ba ki haƙuri.

Ƙanin mijinki bai yi ƙarya ba. Gwamnatin tarayyar Indiya tana da tsarin ɗaukar aiki na jinƙai, wanda sashen kula da ma'aikata ya tattara ƙa'idojinsa cikin wata takarda a 1998. Ana iya ɗaukar matar mamacin ko mijin mamaciya, ɗa ko 'ya, ko ɗan'uwa idan mamacin bai yi aure ba. Sai dai ƙofar ba ta da faɗin da ake zato. Mutum ɗaya ake ɗauka a gida, a ƙananan muƙamai kaɗai, kuma kashi 5 cikin 100 na guraben da za a cike kai tsaye aka ware. Shi ya sa iyalai da yawa kan daɗe a layi. Wanda aka ɗauka kuma sai ya sa hannu cewa zai riƙe sauran iyalin, in ya yi watsi da su ana iya sallamarsa. Wannan sharaɗin yana burge ni ƙwarai, don ya nuna albashin na gidan ne gaba ɗaya.

Abin da nake so ki riƙe shi ne hukuncin Kotun Ƙolin Indiya na 1994, a shari'ar Umesh Kumar Nagpal da jihar Haryana. Kotun ta ce kujerar gwamnati ba dukiyar gado ba ce. Asali ana ɗaukar ma'aikata ne ta gasa a buɗe, kowa da damarsa daidai, kuma an ɗaga ƙafa ne kawai don gidan da rasuwar mai ciyar da shi ta jefa cikin ƙunci farat ɗaya. Saboda haka sai an duba halin gidan, kuma ba a zuwa bayan shekaru masu yawa a ce a ba da aikin. Pakistan ma tana da irin tsarin, amma a Oktoban 2024 Kotun Ƙolinta ta soke shi da hujjar ya saɓa wa daidaito tsakanin 'yan ƙasa.

A Najeriya babu dokar da ta tilasta wa gwamnatin tarayya ba ɗan mamaci gurbin ubansa. Akan yi a matsayin alfarma, kamar yadda Shugaba Jonathan ya yi alkawarin guraben aiki ga iyalan waɗanda suka mutu a turmutsitsin neman aikin hukumar shige da fice a Maris 2014. Ɗanki ya rubuta takardar roƙo ga shugaban ma'aikatar, ya kuma nemi aiki ta hanyar da kowa ke bi. Amma kada gida ya zauna jiran wannan, kada kuma ku ba kowa ko sisi don ya "samo muku gurbin marigayi".

Haƙƙinku da doka ta tsaya masa kuɗi ne, kuma nan ne nake ganin zawarawa suna asara saboda ba wanda ya gaya musu. Dokar Gyaran Fansho ta 2014 ta wajabta wa mai ɗaukar aiki ya yi wa kowane ma'aikaci inshorar rai da ba ta gaza ninki uku na jimillar albashinsa na shekara ba. In bai yi ba, shi zai biya daga aljihunsa. Ban da wannan akwai abin da ya taru a asusun fanshonsa.

Ki fara da ofishin kula da ma'aikata na wurin aikinsa, ki sanar da su a rubuce, ki riƙe kwafin da aka buga wa hatimi. Sannan ki je kamfanin fanshonsa da takardar shaidar rasuwa da takardar izinin kula da dukiyar mamaci daga kotu. In aka yi ta ja muku rai, ki kai koke ga PenCom, hukumar da ke kula da harkar fansho ta ƙasa. Ki kuma sani, wanda aka rubuta a fayil a matsayin makusanci ba shi ne mai dukiyar ba. In kuɗin sun fito, ku kai wa malami ko kotun shari'a a raba wa magada, a adana kason ƙananan yaran.