Na Cire Kaki, Ina Haɗa Fim Kan Gidan Yari: Za Su Iya Hana Ni?

Tambaya: Barista, shekara 14 na yi ina gandiroba, bara na ajiye aiki. Ina haɗa fim na gaskiya kan rayuwar fursunoni da bidiyon da na ɗauka da wayata ina bakin aiki, kuma duk waɗanda ke ciki sun ce sun yarda. Yanzu tsohon ofishina ya aiko takarda wai in dakata. Tunda na cire kaki, ina ruwansu da ni?

Amsa: Malam, ban ga takardar ba, ban ga bidiyon ba, don haka a kan abin da ka faɗa kawai zan yi magana. Amma a fahimtata akwai ruwansu. Ajiye aiki ba ya warware rantsuwar riƙe sirri, kuma Dokar Sirrin Gwamnati ta 1962 tana iya bin mutum har bayan ya bar ofis. Na san za ka kawo sashe na 39 na Tsarin Mulkin 1999, na 'yancin faɗin albarkacin baki. Ka karanta shi har ƙasa: ƙaramin sashe na 3 ya yarda a kafa dokar hana bayyana abin da aka samu bisa amana. Ko bidiyonka ya shiga wannan sahu ya danganta da abin da ya nuna. Hira a tsakar gida daban, ƙofofi da lokacin canjin masu gadi daban. Sannan ɗaukar da waya a bakin aiki, in ba da izini ba, ita kanta matsala ce.

Yardar fursunonin ta fi damuna. Wanda makullin ɗakinsa ke hannunka, in ya ce "na yarda", da wuya alƙali ya ɗauka da son ransa ya faɗa, balle yardar baki ce. Mafi yawan mazauna gidajen gyaran hali a Najeriya jiran shari'a suke, doka ba ta ce sun yi laifi ba. Ka nuna fuskarsu, ga sashe na 37 na Tsarin Mulki kan sirrin rayuwa, ga Dokar Kare Bayanai ta 2023, mai yiwuwa har da ƙarar ɓata suna. A Amurka, kotun Massachusetts ta hana nuna wa jama'a fim ɗin Titicut Follies na 1967 saboda sirrin waɗanda ke tsare, sai 1991 aka yarda a nuna shi. Wanda ya yi shi, Frederick Wiseman, shi ma lauya ya karanta.

Su ma ofishin, in takardar "ka dakata" kawai ta ce ba ta ambaci doka ba, ba su kyauta ba, kuma kana da damar tambayarsu wane sashe suka dogara da shi.

Kotu a buɗe take, amma ban ba ka shawara ba tukuna: can za a fara tambayarka yadda wayar ta shiga. Kada ka saki komai, kada kuma ka goge komai. Lauyanka ya rubuta wa ofishin Kwanturola Janar, shugaban hukumar gidajen gyaran hali, ya nemi zama, da tayin rufe fuskoki, cire abin da ya shafi tsaro, da neman izinin sake ɗauka. Waɗanda aka sallama kuwa, ka neme su su sa hannu yanzu da ba ka da iko a kansu. Tacewar hukumar finafinai, wannan ka sani, tana gaba.